Bin Sawun Ɗan Zariya a Toronto da Kigali

Jirgin ƙasan da ke kwaso fasinjoji daga filin jirgin sama na Pearson minti 25 yake yi kafin ya dire su a tashar Union, a tsakiyar birnin Toronto. A watan Disamba na sauka, iskar tafkin Ontario tana kaɗawa, irin wadda ke ratsa riga uku ta taɓa ƙashi. Mutanen garin sun san maganinta, ba sa hawa titi sai dole. Akwai wani gari na biyu a ƙarƙashin ƙasa, hanyoyi ne masu tsawon kusan kilomita 30, cike da kantuna da gidajen abinci, sun haɗa tashar da dogayen benayen bankuna. Mai masaukina, wani yayana ɗan Tudun Wada da ya daɗe yana aikin jinya a can, ta ciki ya bi da ni. Ba mu yi nisa ba sai ga mu a ƙofar Scotiabank Arena, gidan ƙungiyar ƙwallon kwando ta Raptors.

"To ƙanena, ka ga gidan da ɗan garinmu ya riƙe shekara 12," in ji shi. "Bai taɓa jefa musu ƙwallo ko sau ɗaya ba, amma kofin da suke tinƙaho da shi, shi ya ɗinka."

Masai Ujiri yake nufi. A Bournemouth ta Ingila aka haife shi a 1970, lokacin iyayensa suna karatu a can. Uban ɗan Najeriya ne, ma'aikacin asibiti, uwar kuma likita ce 'yar Kenya. Yana ƙarami suka dawo da shi Zariya, a nan ya yi wayo, a nan ya fara da tamaula kamar kowane yaro, sai da ya kai shekara 13 sannan ƙwallon kwando ta shiga ransa. Duk wanda ya san Samaru ta wancan zamani ya san Oliver Johnson, Ba'amurken kocin nan na Jami'ar Ahmadu Bello da ake kira OBJ. A hannunsa yaron ya gogu, gwaninsa kuwa Hakeem Olajuwon, ɗan Legas da ke tashe a Houston.

A wajen wasa dai bai yi nisa ba, gaskiya ɗaya ce. Ya je sakandare a Seattle, ya yi shekara biyu a wata ƙaramar kwaleji a Bismarck ta jihar Dakota ta Arewa, daga nan ya shiga yawon ƙananan ƙungiyoyin Turai, yau Ingila, gobe Beljiyam, jibi Jamus, ana biyansa abin da bai taka kara ya karya ba. Shekara shida yana wannan fafutuka. Ya ajiye takalmi a 2002 ba suna, ba dukiya, sai lambobin waya da sanin kowane lungu da ake buga ƙwallo a nahiyar.

Abin da ya biyo baya shi ya fi jan hankalina, don a ganina a nan mutumin ya ginu. A shekarar ya raka wani yaro ɗan Najeriya gwaji a ƙungiyar Orlando Magic. Hira ta haɗa shi da manyansu, suka ga wannan mai rakiya ya san 'yan wasan Turai da Afirka fiye da yadda suka zata. Suka ce ya riƙa duba musu 'yan wasa, amma fa babu albashi. Ya karɓa. Da kuɗin aljihunsa yake sayen tikiti, in dare ya yi ya raɓa a ɗakin wani tsohon abokin wasa ko wani ɗan'uwansa mai irin aikin. Shekara guda yana haka kafin Denver Nuggets ta ɗauke shi da albashi a 2003. Toronto ta janye shi a 2007, Denver ta sake kiransa a 2010, wannan karon a kujerar babban manaja, kujerar da wani ɗan Afirka bai taɓa hawa ba a manyan gasannin Amurka. A 2013 aka zaɓe shi gwarzon shugabannin ƙungiyoyin NBA, babbar gasar ƙwallon kwando ta Amurka, shi ne na farko da ba Ba'amurke ba, bayan ƙungiyarsa ta ci wasa 57 cikin 82. A watan Mayun shekarar Toronto ta dawo da shi da kwantiragin shekara biyar kan dala miliyan 15.

Da dare muka shiga kallon wasa. Zauren yana cin mutum 19,800, kuma kafin a fara sai an rera taken ƙasa biyu, domin cikin ƙungiyoyi 30 na gasar Raptors ce kaɗai ba a Amurka take ba. Kusa da kwando akwai kujerar Nav Bhatia, wani dattijo mabiyin addinin Sikh mai rawani, wanda tun kafa ƙungiyar a 1995 da wuya a yi wasan gida ba shi. Idon kowa yana kan fili. Ni kuwa yayana ya ja hankalina can sama, wajen wani layin tebura inda wasu mutane ke zaune da kwamfutoci. Ba sa tafi, ba sa ihu. Ɗaya na sa wa ido, wani mai furfura a gemu. Aka zura wata ƙwallo da ta tayar da zauren tsaye, shi ko ɗaga kai bai yi ba. Can wani yaro ya yi sakaci aka ƙwace masa ƙwallo, koci ya fitar da shi, sai na ga mai furfurar ya bi shi da kallo har benci, ya tsaya yana duban yadda ya zauna da wanda ya yi wa magana, sannan ya sunkuya ya rubuta wani abu.

"Irin aikin da Masai ya fara da shi ke nan," in ji yayana. "Cin ƙwallo kowa ya gani. Su halin yaro suke saye."

Mai kallon ƙwallon ƙafa sai an yi masa bayani kafin ya gane wahalar kujerar. A Turai attajiri yana iya zuba kuɗi ya sayo wanda ya ga dama. A NBA ba a sayen tauraro da tsabar kuɗi daga wata ƙungiya. Akwai iyakar albashin da aka gindaya wa kowa, wanda ya zarce wani mataki sai ya biya haraji mai zafi. Hanyoyin samun ɗan wasa uku ne: ko a zaɓen sababbin yara da ake yi duk shekara, mutum 60 a zagaye biyu, inda ƙungiyoyin da suka fi shan kashi suke da damar zaɓen farko, ko a jira kwantiragin mutum ya ƙare a lallashe shi, ko kuma musaya, ba ni gishiri in ba ka manda, kuma sai albashin ɓangarorin biyu ya yi kusan daidai. Yawancin 'yan wasa ba a neman yardarsu, waya kawai za a buga maka a ce ka tattara kayanka.

Hanya ta biyun nan kusan a toshe take ga Toronto. Taurarin Amurka ba sa son sanyin, ba sa son harajin Kanada, ba sa son tsayawa gaban jami'an kan iyaka duk tafiya. Waɗanda ƙungiyar ta raina da hannunta ma guduwa suke yi: Tracy McGrady ya tafi a 2000, Vince Carter ya matsa sai da aka sallame shi a 2004, Chris Bosh ya koma Miami a 2010. Saboda haka duk wanda zai riƙe Raptors sai ya zama irin dillalin kara na Wudil ko Maigatari, wanda jama'a ke kallon ƙaho da tozo shi kuwa ya buɗe bakin sa ya duba haƙori.

Dubi Pascal Siakam. Yaro ne ɗan Duwala ta Kamaru da mahaifinsa ya tura makarantar koyon limancin coci, bai kama ƙwallon kwando da gaske ba sai da ya kusa shekara 18. Ujiri ya gan shi a wani sansanin horar da matasa a Afirka ta Kudu a 2012, siriri, ba ƙwarewa, sai gudu da naci. A 2016 Raptors ta ɗauke shi a lamba ta 27, wato sau 26 ana kiran sunan wani ana tsallake shi. A wannan shekarar suka kawo Fred VanVleet, gajere a ma'aunin wasan, wanda aka kira sunaye 60 babu nasa. Shekara ta zagayo suka ɗauki OG Anunoby, ɗan asalin Najeriya haifaffen Landan, a lamba ta 23, yana jinyar gwiwa, wasu na tsoron taɓa shi. Ƙungiyar da ta ci kofi a 2019 babu ko mutum ɗaya a cikinta da aka zaɓa cikin 14 na farko a shekararsa. Ba aikin mutum ɗaya ba ne, akwai Bobby Webster da sauran ma'aikatan ofis, amma wanda za a zaga in abin ya ɓaci shi ne mai sa hannu.

A hanyar komawa gida, cikin jan taragon lantarkin da ke bin titi, gardama ta kaure tsakanina da yayana a kan DeMar DeRozan. Har yau maganar tana yi masa ciwo.

DeRozan ɗan Kaliforniya ne, amma shi ne tauraron da ya ƙi guduwa. Shekara tara ya yi a Toronto, ya fi kowa zura ƙwallo a tarihin ƙungiyar, da kwantiraginsa ya ƙare a 2016 ko sauraron wasu bai yi ba ya sake sa hannu. Matsalar ita ce duk shekara sai su yi ta cin wasa, in an zo zagayen fitar da gwani LeBron James da Cleveland su kore su gida. Sau uku a jere. A 2018 sun ci wasa 59, abin da ba su taɓa yi ba, amma Cleveland ta share su huɗu ba ko ɗaya. Ujiri ya sallami koci Dwane Casey, mutumin da aka ba kyautar gwarzon koci a wannan shekarar, ya ɗaga mataimakinsa Nick Nurse. Ran 18 ga Yuli kuma ya miƙa DeRozan da Jakob Poeltl ga San Antonio, ya karɓo Kawhi Leonard da Danny Green. Leonard ɗin nan wasa tara kacal ya buga a kakar da ta gabata saboda ciwon cinya, saura masa shekara guda a kwantiragi, kuma duniya ta san Los Angeles yake so. Ujiri yana Kenya a lokacin, daga can ya buga wayar. DeRozan ya fito ya ce an ci amanarsa, an ce masa ba za a taɓa shi ba. Ujiri ya nemi afuwa a bainar jama'a kan yadda maganar ta gudana tsakaninsu, amma bai janye cinikin ba.

"Mutum ya zaɓe ka lokacin da kowa ke gudunka, ka saka masa da haka?" in ji yayana. "Ko kofi goma aka ci, wannan ba halin girma ba ne."

Na ce, "Yaya, ai ba riƙon zumunci aka ɗauke shi yi ba. Da ya bar shi, da yanzu kuna nan kuna cewa Allah ya kai mu baɗi."

Bai amsa ba, ni ma ban ji daɗin bakina ba. Ina ganin mu duka muna da gaskiya, kuma kujerar ba ta barin mai ita ya riƙe gaskiya biyun a lokaci guda. Sai dai kada a manta da rabon sa'a. Ran 12 ga Mayu 2019, a wasa na bakwai da Philadelphia, ƙwallon da Leonard ya jefa a daƙiƙar ƙarshe sau huɗu tana tsalle a bakin kwando kafin ta faɗa. A zagayen ƙarshe kuma abokiyar karawarsu Golden State ta rasa Kevin Durant da Klay Thompson saboda rauni. Da ɗaya cikin waɗannan ya sauya, da wani labarin ake bayarwa, na ɗan Afirkan da ya yi caca da amanar mutum ya tashi a tutar babu. Amma ran 13 ga Yuni, a Oakland, gidan Golden State, Raptors ta ci 114 da 110, Siakam ya zuba maki 26, VanVleet 22, kofi ya ƙetare iyakar Amurka karo na farko. Ko wata ba a rufa ba Leonard ya tattara ya koma Los Angeles.

Daren Oakland ɗin yana da wani tabo da baƙaƙen fatar Toronto ba su manta ba; wani direban tasi ɗan Somaliya ma da ya ji inda na fito, da shi ya fara. Da aka busa tashi, Ujiri ya nufo fili don ya taya yaransa murna, sanye da kwat, yana ciro katin shaidarsa daga aljihu. Wani ɗan sanda ya tare shi ya hankaɗa shi a ƙirji. Ya sake hankaɗa shi. Sannan Ujiri ya rama. Ɗan wasansa Kyle Lowry ne ya jawo shi cikin fili ya rungume shi. Hukumar 'yan sandan yankin ta ce shi ya fara, ɗan sandan ya kai ƙara yana neman diyya, aka yi sama da shekara ana yamaɗiɗi da sunansa. Sai a watan Agustan 2020 hoton kyamarar da ke maƙale a ƙirjin ɗan sandan ya fito, kowa ya ga wanda ya fara. A Fabrairun 2021 aka janye ƙarar. Shugaban ƙungiya ne, a daren da ya fi kowane dare a aikinsa, da kuɗin ɗaukar manyan lauyoyi. Ka ƙiyasta wanda ba shi da ko ɗaya.

Bayan kofin abubuwa sun ja baya, kuma a nan ina da ƙorafi a kansa. Mutumin da ya iya rabuwa da DeRozan cikin dare ɗaya sai ya kasa rabuwa da yaran da ya tsinto da kansa. Ya riƙe su har farashinsu ya faɗi. VanVleet ya tafi Houston a 2023 ba a samu ko allura a madadinsa ba. Anunoby da Siakam sai da kwantiraginsu ya zo gangara aka yi musayarsu. Ƙungiyar ta ci wasa 25 a kakar 2023 zuwa 2024, ta ci 30 a ta gaba. Ran 27 ga Yuni 2025, kwana ɗaya bayan ya gama jagorantar zaɓen sababbin yara, kamfanin da ya mallaki ƙungiyar ya sanar da rabuwa da shi, da sauran shekara guda a kwantiraginsa. Yayana, duk da haushin DeRozan, cewa ya yi ranar bai iya cin abincin dare ba.

Washegari na taka zuwa dandalin da ke gefen zauren, wanda suke kira Jurassic Park, inda dubban marasa tikiti suke tsayuwa gaban ƙaton allo. A nan ne a 2014 Ujiri ya hau dandamali ya ɗura wa ƙungiyar Brooklyn ashar a gaban jama'a, hukumar gasar ta ci shi tarar dala 25,000, mutanen gari kuwa suka ɗauke shi nasu tun daga ranar. Ban tarar da kowa ba sai masu shara da ƙanƙara. Babu gunkinsa, babu allo mai sunansa a inda na duba. Tutar 2019 dai tana rataye a rufin zaure.

A hanyar dawowa na ratse ta Addis Ababa zuwa Kigali, domin a can ne aikin nasa ya zama bulo da siminti. Daga filin jirgi zuwa unguwar Remera ba nisa, kan ɗan acaɓa mai hular kwano biyu, tasa da ta fasinja, ana hawa tudu ana gangarawa a titunan da ko ledar ruwa ba ka gani. Filin ƙwallon Amahoro mai cin mutum 45,000 yana nan, kusa da shi BK Arena mai cin 10,000, wadda aka buɗe a 2019. Shugaban ƙasar, Paul Kagame, ya je Toronto kallon wasan taurari na 2016, kuma daga wannan ziyara da hirarsa da Ujiri maganar gina zauren ta taso. A cikinsa aka buɗe gasar ƙungiyoyin Afirka ta BAL a 2021, Zamalek ta Masar ta ɗauki kofin farko. Masu kare haƙƙin ɗan Adam suna sukar wannan abota, suna cewa gwamnatin Kagame tana wanke sunanta da wasanni alhali 'yan adawa ba su da bakin magana. Sukar tana da tushe, kuma tsabtar titi ba ta amsa ta.

Tsallaken zauren kaɗan sai ga allo: Zaria Court. Otel ne mai ɗaki 80, da filin ƙwallon kwando, da ƙananan filayen tamaula, da wuraren cin abinci da shaguna. An buɗe shi a ƙarshen Yulin 2025, wata guda bayan sallamarsa daga Toronto, a lokacin bikin Giants of Africa, gidauniyar da ya kafa a 2003 tare da abokinsa na ƙuruciya Godwin Owinje, tun yana fama da kuɗin tikiti. Da sansanin yara a Najeriya suka fara. A 2021 suka yi alkawarin gina filaye 100 a faɗin nahiyar. Hujjarsa a kan irin wannan gini ta ɗan kasuwa ce. Yana ganin Afirka ta daɗe tana fitar da 'yan wasa kyauta, ribar tana zama a inda zaure da otel da talabijin suke, kuma kowane ɗan wasa ɗaya da ke fili akwai mutum da yawa da ke cin abinci a bayansa: koci, likita, lauya, mai ɗaukar hoto, mai sayar da tikiti, mai duba yara. Shi kansa shaida ne. A cikin dubban yaran da suka ratsa sansaninsa ƙalilan ne za su taka NBA, amma da yawa sun samu karatu a Amurka ta wannan hanya.

Na zauna a gefen filin da la'asar. 'Yan mata ne ke atisaye, wata koci da usur a wuya tana tsayar da su duk bayan 'yan mintuna tana gyara musu tsayuwar ƙafa. Wata doguwa a cikinsu ta kasa jefawa da hagu, kocin ta ɗaure mata hannun dama a baya da tawul, ta ce ta ci gaba. Sau da yawa ƙwallon na kuɓuce mata, sauran suna dariya, ita ma tana yi, amma ba ta nemi a kwance ba har aka tashi.

Daɗi da ɗaci suka haɗu mini a wurin. Sunan garinmu ne a jikin gini mai kyau, a ƙasar da ba tamu ba. Ban ga laifinsa ba. Mutumin da ya yi shekara 20 yana auna inda zai sa kuɗin wasu ba zai sa nasa a inda wuta ke ɗaukewa, takardar fili ke shekara a ofis, baƙo kuma ke tsoron hanyar Abuja zuwa Kaduna ba.

Da na fito, ɗan acaɓan da na tsayar ya tambaye ni daga ina nake. Na ce Zariya. Ya waiga ya dubi allon, ya ɗauka ma'aikacin otel ɗin ne ni, har ya fara tambaya ko ana ɗaukar masu gadi. Na ce a'a, gari ne a arewacin Najeriya, tsohon gari mai ganuwa da sarki da babbar jami'a, a can mai ginin ya tashi. Ya jinjina kai, ya nuna BK Arena da haɓa, ya ce to lallai tamu ta can ta ninka wannan girma. Na ce masa tukuna dai. Ya miƙo mini hular kwano, muka yi ciniki zuwa Nyamirambo, unguwar Musulmin garin, inda aka ce mini zan samu shayi da masallaci kafin magariba.